Allurar narkar da gudan jini ko buɗe jijiya da sitent: wanne ya dace idan bugun zuciya ya kama bangon gaba?

Ba kowane ciwon ƙirji ne ke sa likita ya canza fuska ba. Amma idan ya karɓi takardar ECG, gwajin da ke zana lantarkin zuciya, ya ga layukan da ke duban gaban zuciya, wato V1 zuwa V4, sun ɗaga sama, za ka ji maganarsa ta gajarce, tambayarsa ta farko kuma ita ce ƙarfe nawa ciwon ya soma. Abin da takardar ke faɗa masa shi ne babbar jijiyar da ke ciyar da bangon gaba na zuciya ta toshe gaba ɗaya, kuma tsokar wurin ta riga ta fara mutuwa.

Daga nan hanya biyu ce a gaban majinyaci da iyalinsa. Ko dai a yi masa allurar da ke narkar da gudan jinin, nan take a gadon da yake kwance, ko kuma a kai shi ɗakin da ake zura siririn bututu ta jijiyar hannu har zuwa zuciya, a buɗe wurin da ya toshe, a dasa 'yar ragar ƙarfe da ake kira sitent. Idan aka ajiye su gefe da gefe ba tare da an dubi agogo ba, sitent ya fi, kuma likitocin zuciya ba sa gardama a kan haka. Sai dai babu majinyacin da ke yin wannan zaɓi ba tare da agogo na tafiya ba, kuma a nan ne mutane da yawa suke yin hasara: suna ƙin abin da ke hannu, suna bin wanda ya fi kyau, su isa bayan tsokar ta gama mutuwa.

Me ya sa na bangon gaba ya fi muni

Jijiyoyin da ke ciyar da tsokar zuciya uku ne manya. Ɗaya tana dama. Ta hagu kuma ta rabu biyu, reshe ɗaya ya zagaya ta gefe zuwa baya, ɗayan ya gangaro ta gaba har tsinin zuciya. Wannan mai gangarowa ita likitoci ke taƙaita sunanta da LAD. Ita ke shayar da bangon gaba na ɗakin hagu na ƙasa, ɗakin da ke tura jini zuwa duk jiki, da tsinin zuciya, da kusan kashi biyu bisa uku na katangar da ta raba ɗakunan ƙasa biyu. A mutane da yawa wannan ya doshi rabin tsokar ɗakin hagu. A cikin katangar nan kuma hanyoyin lantarkin da ke tsara bugawar zuciya suke ratsawa.

Inda ta toshe ma yana da nasa hukuncin. Kamar magudanar ruwan gona ce: idan ta toshe can ƙarshe, 'yan kunya kaɗan ne za su bushe, idan kuwa a bakin tushe ne, gonar duka ta shiga uku. Toshewar da ta faru a saman LAD, kafin rassanta na farko su fita, ita ce ke kai mutum ga ruwa a huhu, ko faɗuwar jini har gaɓoɓi su daina samun rabonsu, ko zuciya ta rikice ta tsaya farat ɗaya.

Abin da ke toshe ta gudan jini ne. Kitse yana taruwa a cikin bangon jijiya shekara da shekaru, sau da yawa ba tare da mutum ya ji komai ba. Ranar da ɓawon da ya lulluɓe kitsen ya tsage, jini ya daskare a wurin cikin mintuna. A 1980 Marcus DeWood da abokan aikinsa a Amurka suka ɗauki hoton jijiyoyin masu irin wannan ciwo a awannin farko, suka tarar kashi 87 cikin 100 na waɗanda aka duba cikin awa 4 jijiyarsu a toshe take gaba ɗaya. Kafin nan, a 1977, Keith Reimer da Robert Jennings sun nuna a jikin karnuka cewa tsokar ba ta mutuwa lokaci guda. Mutuwar tana farawa daga ɓangaren ciki bayan kamar minti 20, tana ci zuwa waje, kuma tsakanin awa 3 zuwa 6 yawancin tsokar da ke cikin haɗari ta riga ta tafi. Tsokar zuciya da ta mutu ba ta tsirowa, tabo ne ke maye gurbinta, tabo kuma ba ya tura jini. Duk kwatancen da zai biyo baya a kan wannan ya tsaya.

Allurar

Babban abin da allura take da shi shi ne ba ta buƙatar komai sai likitan da ya iya karanta ECG, da na'urar sa ido kan bugawar zuciya, da na'urar farfaɗo da ita idan ta rikice. A wasu ƙasashe ma a cikin motar asibiti ake yin ta.

Tsohon maganin shi ne streptokinase, wanda ake samu daga wata ƙwayar cuta. Ana sa yunit miliyan 1.5 a cikin ƙarin ruwa, ya shiga jijiya cikin minti 30 zuwa 60. Nas ba ta barin gefen gado a wannan lokaci, hannunta na kan ma'aunin jini, domin maganin kan sa jinin ya faɗi, sai a rage gudun ruwan, a ɗaga ƙafafun majinyaci. Jiki kuma yana gina garkuwa a kansa, shi ya sa wanda aka taɓa yi wa ba a sake yi masa shi. Sababbin su ne alteplase da reteplase da tenecteplase. Na ƙarshen nan sau ɗaya ake tura shi cikin 'yan daƙiƙu, gwargwadon nauyin mutum.

Amfaninta tabbatacce ne. Gwajin GISSI da aka yi a Italiya, wanda aka wallafa a 1986, ya nuna streptokinase ya rage mutuwa daga kashi 13 zuwa kashi 10.7 cikin 100. A 1988 gwajin ISIS-2, mai mutum sama da 17,000, ya nuna idan aka haɗa shi da asfirin mutuwa na sauka daga kusan kashi 13 zuwa kashi 8. Abin da ya fi shafar batunmu shi ne haɗakar manyan gwaje-gwaje da aka fitar a 1994: a cikin kowane mutum 1,000 da aka yi wa allurar, an ceci kimanin 37 idan ciwon na bangon gaba ne, amma kimanin 8 kawai idan na bangon ƙasa ne. Wato mai ciwon bangon gaba shi ya fi kowa cin moriyar allurar, domin shi ya fi kowa yawan tsokar da za a rasa. Kuma moriyar tana raguwa da sauri. Wanda aka yi wa cikin awar farko, lissafi ya nuna ana ceton kimanin 65 cikin 1,000. Bayan awa 6 kuwa abin ya koma wajen 20. Dalilin ba ɓoyayye ba ne: sabon gudan jini laushi gare shi, wanda ya daɗe ya yi tauri, magani ba ya ratsa shi da kyau, kuma tsokar da za a ceta ta ragu.

Raunin allurar uku ne, kuma babu wanda ya kamata a ɓoye wa iyali.

Na farko, ba kullum take buɗe jijiyar ba. A gwajin GUSTO na 1993, wanda ya ƙunshi mutum kusan 41,000, an ɗauki hoton jijiyoyin wasu bayan minti 90. Alteplase ya dawo da cikakken gudun jini a ɗan fiye da rabi, streptokinase kuma a kusan ɗaya bisa uku. A gwajin baki ɗaya mutuwa ta kasance kashi 6.3 da alteplase, kashi 7.3 da streptokinase, kuma bambancin ya fi fitowa ga masu ciwon bangon gaba. Don haka idan akwai zaɓi tsakanin magungunan, mai bangon gaba sabon ya fi dacewa da shi. Idan streptokinase kaɗai ke cikin kabad, to shi za a yi, da babu gara ba daɗi, kuma wannan “ba daɗin” ya ceci rayuka masu ɗimbin yawa.

Na biyu, allura gudan jini take narkarwa, ba ta taɓa tarin kitsen da ya tsage. Matsewar tana nan, raunin yana nan, jini na iya sake daskarewa a wurin cikin kwanaki.

Na uku shi ne wanda ke tsorata likita kansa. Maganin bai san bambanci tsakanin gudan jinin da ke kashe mutum da wanda ke tare masa wata ɓaraka a wani wuri ba. Kusan mutum 1 cikin 100, ko ƙasa da haka kaɗan, kan samu zubar jini a ƙwaƙwalwa, kuma yawancin waɗanda ya samu ko su mutu ko su nakasa. Haɗarin ya fi yawa ga tsofaffi, da mata, da marasa nauyin jiki, da wanda jininsa ya hau sosai a lokacin. Shi ya sa kafin allurar likita yake jero tambayoyin da iyali kan ɗauka ɓata lokaci ne. Ya taɓa zubar jini a ƙwaƙwalwa? Ya yi shanyewar ɓarin jiki a watannin nan? An yi masa babbar tiyata, ko ya bugu a ka, a cikin watan nan? Yana aman jini ko baƙin bayan gida? Yana shan maganin tsinka jini? Idan mace ce, tana da ciki? Wasu daga cikin amsoshin nan suna rufe ƙofar allura gaba ɗaya, wasu kuma suna sa a yi awo. Wanda ya san tarihin majinyaci ya tsaya kusa, ya faɗi gaskiya ko da yana ganin za ta hana a yi maganin.

Sitent

Andreas Gruentzig ne ya fara buɗe jijiyar zuciyar mutum da balan-balan a Zurich a 1977, aka fara dasa sitent a 1986. Yau aikin ba ya buƙatar a sa mutum barci. Ana kashe zafin wuyan hannu da 'yar allura, a zura bututu ta jijiyar da ake jin bugun jini a cikinta, a bi da shi har bakin jijiyoyin zuciya. Sai a tura wani ruwa da ke fitowa a hoton eksire. A kan allo za ka ga LAD ta taho, ta yi ɗan nisa, ta yanke kwatsam, ƙasa da wurin babu komai sai fili. Likita ya ratsa toshewar da waya wadda kaurinta bai kai rabin milimita ba, ya hura balan-balan, ya buɗe ragar da faɗinta ke tsakanin milimita 2.5 zuwa 4. Idan aka sake tura ruwan, sai ka ga ya gangara har tsinin zuciya, rassan da ba a gani ɗazu sun bayyana ɗaya bayan ɗaya. Sau da yawa majinyacin da kansa zai ce nauyin ƙirjin ya sauka tun yana kan tebur.

Wannan hanya tana dawo da cikakken gudun jini a kusan 9 cikin 10, tana gyara matsewar kanta, kuma haɗarin zubar jini a ƙwaƙwalwa kaɗan ne ƙwarai. A 2003 Ellen Keeley da abokan aikinta suka haɗa gwaje-gwaje 23 da suka kwatanta hanyoyin biyu. Mutuwa a makonnin farko kashi 7 ce ga waɗanda aka buɗe wa jijiya, kashi 9 ga masu allura. Sake bugun zuciya kashi 3 da kashi 7. Shanyewar ɓarin jiki kashi 1 da kashi 2. A shekarar dai gwajin DANAMI-2 na ƙasar Denmak ya nuna ko da sai an ɗauki majinyaci zuwa wani asibiti, buɗe jijiya ya fi, muddin tafiyar gajera ce kuma a tsare take. A lura da wannan sharaɗi, domin shi mutane ke mantawa idan suna kafa hujja da sakamakon.

Sitent ma yana da nasa raunin. Ruwan hoton yana iya wahalar da ƙoda, musamman ga mai ciwon suga ko wanda ƙodarsa ta riga ta yi rauni. Wurin da aka huda yana iya zubar jini, ko da yake ta hannu abin ya fi sauƙi a kan ta cinya. Wani lokaci babbar jijiya ta buɗe amma ƙananan da ke cikin tsoka su ƙi karɓar jini, abin da ya fi faruwa ga wanda ya zo a makare. Kuɗinsa ya ninka na allura sau da yawa. Sannan sitent alkawari ne: asfirin da wani magani na biyu mai hana jini daskarewa, ko clopidogrel ko ticagrelor ko prasugrel, kullum ba fashi, yawanci har wata 12. Wanda ya ji sauƙi ya ajiye su a watannin farko, jini na iya daskarewa a cikin ragar, kuma hakan sabon bugun zuciya ne a jijiyar da ta fi kowace muhimmanci.

Amma babban raunin sitent ba a jikin aikin yake ba. Yana buƙatar ɗaki na musamman, da likitan da ya ƙware, da ma'aikatan da za su taru ko ƙarfe biyun dare ne. Asibiti yana iya mallakar na'urar amma babu mai kunna ta sai da safe.

Minti 120, da yadda ake ƙirga su

Ƙa'idar da ƙungiyar likitocin zuciya ta Turai ta tsayar a 2017, ta kuma maimaita a 2023, mai sauƙin faɗa ce. Idan za a iya ratsa jijiyar da waya cikin minti 120 daga lokacin da ECG ya tabbatar da ciwon, a tafi wajen sitent. Idan ba zai yiwu ba, kuma ciwon bai wuce awa 12 da farawa ba, kuma babu abin da ya hana, a yi allura cikin minti 10.

Inda ake ruɗuwa shi ne wajen lissafin. Ɗan majinyaci zai ce, “Likita, ai awa ɗaya da rabi ne zuwa babban asibiti, gara mu kai Baba can a yi masa aikin gaba ɗaya.” Awa ɗaya da rabin nan tafiyar mota ce kawai. Bai sa lokacin da za a samo motar da ke da na'ura ba, da rubuta takardar tura majinyaci, da cunkoson hanya, da karɓarsa a can, da sake ECG, da sa hannu, da maganar biyan kuɗi inda ake biya, da kiran ma'aikata daga gida. Minti 90 a baki kan zama awa 4 a aikace. A ganina duk wanda zai yanke wannan hukunci ya ɗauki lissafin da ya fi muni, kuma kada motar ta tashi sai an buga waya can an ji daga bakin wanda zai yi aikin cewa ɗaki a buɗe yake yanzu.

Su kansu minti 120 ɗin matsakaici ne, ba ɗaya suke ga kowa ba. Wani nazari da Duane Pinto ya jagoranta a Amurka, wanda aka wallafa a 2006 bisa bayanan majinyata kusan 190,000, ya duba yawan jinkirin da sitent zai iya ƙarawa a kan allura kafin fifikonsa ya ɓace. Ga wanda bai kai shekara 65 ba, mai ciwon bangon gaba, da ya zo cikin awa 2, jinkirin kamar minti 40 kawai ya isa ya shafe fifikon. Ga wanda ya haura 65, ciwonsa ba na gaba ba, ya kuma zo a makare, sitent yana riƙe fifikonsa har kusan awa 3. Nazarin duba bayanai ne, bai kai ƙarfin gwajin da aka raba mutane da ƙuri'a ba, amma hankali yana karɓarsa. Matashin tsokarsa mai yawa ce ke mutuwa a guje, gudan jininsa sabo ne, haɗarin zubar jini a ƙwaƙwalwarsa kaɗan ne. Tsohon kuwa allura ta fi yi masa barazana, kuma abin da za ta ceto masa ya ragu.

A ɗauki mutum biyu a ƙaramin asibiti ɗaya. Na farko magidanci ne ɗan shekara 52, ciwon ya kama shi minti 50 da suka wuce, jininsa 140 bisa 90, bai taɓa wata jinya ba, wurin sitent kuma tafiyar awa 3 ce. Wannan ba a ma tsaya shawara ba, allura yanzu. Ta biyu dattijuwa ce mai shekara 79, tun asuba take fama da abin da ta ɗauka gyambon ciki ne, yanzu awa 7, jininta 190 bisa 115, wurin sitent ya tabbatar zai karɓe ta cikin awa 2. Ita kam a sa ta a mota. Takardar ECG ɗinsu tana iya zama iri ɗaya sak, hukuncin ya saɓa.

Allura ba sallama ba ce

Kuskure na biyu ya kusa kai na farko, wato ƙin allurar da ke hannu, yawa. An yi allura, ciwon ya lafa, majinyaci ya tashi zaune yana neman ruwa, iyali suka yi hamdala suka ɗauka an gama. Likita nagari zai ce, “Alhamdu lillahi, amma ku shirya mota.”

Bayan minti 60 zuwa 90 ana sake ECG. Idan layin da ya ɗaga bai sauka da aƙalla rabi ba, ko ciwon yana nan, ko jini yana faɗuwa, allurar ba ta yi aiki ba, sai a garzaya a buɗe jijiyar da gaggawa. Ba a maimaita allurar. Idan kuma ta yi aiki, duk da haka ana ɗaukar hoton jijiyoyin tsakanin awa 2 zuwa 24, a sa sitent inda matsewar take. Gwajin STREAM na 2013 ya auna wannan tsari a kan mutum kusan 1,900 da suka zo cikin awa 3 kuma ba za su samu sitent cikin awa ɗaya ba. Rabi aka yi musu tenecteplase nan take sannan aka tafi da su, rabi aka wuce da su kai tsaye wajen sitent. Bayan kwana 30 sakamakon ya yi kusa da juna: kashi 12.4 na masu allura da kashi 14.3 na ɗaya rukunin suka gamu da mutuwa, ko faɗuwar jini mai tsanani, ko gazawar zuciya, ko sake bugu. Zubar jini a ƙwaƙwalwa ya fi yawa ga masu allura, har aka rage wa 'yan shekara 75 zuwa sama maganin zuwa rabi ana tsakiyar gwajin, abin kuma ya ragu. Fiye da ɗaya bisa uku na masu allurar sai da aka buɗe musu jijiya da gaggawa domin ba ta buɗe ba. Wannan adadi na ƙarshe shi ne dalilin da ya sa ake tafiya da majinyaci tun allurar na cikin jikinsa, ba a jira a ga ko za ta yi.

To ga mafi yawan mutanen da ke nesa da ɗakin sitent, hanyoyin biyu ba kishiyoyi ba ne. Ɗaya ce ke riƙe tsokar da rai har a kai ga ɗayar.

Akwai inda zaɓin ba ya tasowa. Wanda jininsa ya faɗi warwas, jikinsa ya yi sanyi, fitsari ya ɗauke, hankalinsa ya fara gushewa, buɗe jijiya ne abin da aka tabbatar yana cetonsa, tun gwajin SHOCK na 1999. Allura ba ta cika aiki a wannan hali ba, sai idan babu wata hanya kusa. Wanda allura ta haramta gare shi, sitent komai nisa. Wanda ya wuce awa 12, allura ba ta da sauran amfanin da zai rinjayi haɗarinta, amma idan ciwon bai daina ba ko zuciyar tana tangal-tangal ana buɗe jijiyar. Ita kuwa tiyatar da ake buɗe ƙirji a yi wa jini sabuwar hanya, ba kasafai ake yin ta a awannin farko ba. Tana zuwa ne daga baya, idan hoto ya nuna jijiyoyi da yawa sun lalace ko matsewar tana wurin da sitent bai dace ba.

Kafin asibiti, da bayan an buɗe

Duk wannan lissafi na mintuna yana farawa ne bayan an ga likita, alhali yawancin lokacin a gida ake ɓata shi. Nauyi ko matsi a tsakiyar ƙirji da ya wuce minti 15 zuwa 20, mai bin hannu ko muƙamuƙi ko baya, da zufa mai sanyi, da tashin zuciya, ba abin jiran safiya ba ne. Mata da tsofaffi da masu ciwon suga wani lokaci numfashi ne kawai ke yi musu wuya, ko kasala mai tsanani, ko zafi a saman ciki. A duba agogo a riƙe lokacin da ya fara. Majinyaci kada ya tuƙa kansa, domin a awar farko ne zuciya ta fi rikicewa ta tsaya. Idan ba ya da rashin jituwa da asfirin kuma ba ya zubar jini, tauna miligiram 150 zuwa 300 yana cikin matakan farko da likitoci ke bayarwa. A asibiti a nemi ECG cikin minti 10. Idan ya nuna ciwon ƙarara, ba a jiran sakamakon gwajin jini na troponin kafin a fara magani, domin yakan ɗauki awanni kafin ya hau.

Ko da wace hanya aka bi, bangon gaba yana da biyo-bayansa. Kafin sallama a tabbatar an yi hoton zuciya na eko, wanda ke nuna yadda tsokar ke motsi. Lafiyayyen ɗakin hagu yana tura fiye da rabin jinin da ke cikinsa a kowace bugawa. Bayan babban bugu na gaba adadin yana iya sauka ƙasa da kashi 40, kuma wannan lambar ce ke tsara magungunan da za a ɗora mutum a kai. Tsinin zuciya da ya daina motsi wuri ne da jini ke kwanciya ya daskare, gudan kuma yana iya ɓallewa ya tafi ƙwaƙwalwa. Idan eko ya gan shi ana ba da maganin tsinka jini na wasu watanni, kuma tun da yakan fito bayan kwanaki, likita na iya neman a sake hoton ko da na farko bai nuna komai ba. Wani ɓangare na tsokar da ake gani kamar ta mutu a makon farko suma kawai ta yi, tana farfaɗowa cikin makonni idan jini ya dawo mata da wuri. Shi ya sa ba a gaggawar yanke hukuncin dasa na'urar da ke farfaɗo da zuciya a ƙarƙashin fata. Ana sake eko bayan mako 6 zuwa 12 mutum yana kan magani, idan adadin yana kashi 35 ko ƙasa, sannan a zauna a yi wannan maganar.